Wai biza ma tana da launin fata? Yadda Amurka ta daɗe tana tace masu shiga ƙasarta

Duk sanda Amurka ta fito da sabon jerin ƙasashen da ta rufe wa ƙofa ko ta matse musu biza, musu iri ɗaya ne ke ɓarkewa a Facebook da teburin mai shayi. Wani ya ce wannan ai wariya ce tsagwaronta, duba jerin mana, kusan duk baƙaƙe ne da Musulmi. Wani kuma ya ce haba malam ƙasarsu ce fa, kai ma ba kowa kake bari ya faɗo maka gida ba, kuma nuna min inda aka rubuta baƙar fata a takardar. Wannan maganar ta ƙarshe ita ce ta tsaya min a rai, don gaskiya ne ba a rubuta ba. To amma in doka ba ta ambaci launi ba shi ke nan ta wanku? Sai mun koma baya mun ga yadda su da kansu suka yi ta rubuta dokokin nan sama da shekara 200, kuma ba wani sirri ba ne, majalisarsu ce ta zartar, kotunsu ce ta yanke.

Abu uku ne muke cakuɗawa

Akwai ikon da kowace ƙasa ke da shi na cewa wane zai shigo wane ba zai shigo ba, wannan ba mai jayayya a kai. Akwai kuma ƙyamar baƙi, wadda galibi talauci da siyasa ke haifarwa, kuma mu ma ba mu tsira daga gare ta ba. A 1969 gwamnatin Busia a Ghana ta ba duk baƙon da ba shi da takarda mako biyu ya tattara, mutanen zango da yawa sun ɗanɗana kuɗarsu. A 1983 kuma gwamnatin Shagari ta kori baƙi marasa takardu daga Najeriya, 'yan Ghana kaɗai an yi kiyasin sun kai miliyan ɗaya, har yau jakar nan sunansu take amsawa. Abin bai yi daɗi ba amma ba launi aka duba ba, baƙi ne ya kori baƙi.

Na ukun shi ne zancenmu. Wato hukuma ta zauna ta tsara irin jinin da take son jikokin ƙasar su kasance, sai ta gina dokar shige da fice a kan haka, mutum ko yana da lafiya da sana'a da kuɗi da hali na gari ba ruwansu, asalinsa kawai ya isa a ce masa koma.

Zamanin da ake faɗa ƙarara ba kunya

Tun 1790, Amurka na jaririyar ƙasa, dokarta ta farko kan ba baƙo shaidar zama ɗan ƙasa ta ce sai farar fata kuma ɗa, ba bawa ba. Bayan yaƙin basasarsu, a 1870 aka ƙara 'yan asalin Afirka a ciki, amma mutanen Asiya aka bar su a waje.

Sai batun 'yan Chaina. Sun fara zuwa Kalifoniya ne lokacin da aka gano zinare wajen 1849, daga baya kamfanin jirgin ƙasa ya kwashe su dubbai suka fasa duwatsu suka shimfiɗa layin dogon da ya haɗa gabas da yamma, aka kammala a 1869. Aiki ya ƙare, tattalin arziki ya tsuke, nan take waɗanda jiya ake yabon juriyarsu suka zama su ne masu karya farashin ƙwadago. Wani ɗan siyasar leburori a San Francisco mai suna Denis Kearney, shi kansa baƙo ne daga Ayilan, taken da yake rufe jawabinsa da shi shi ne dole 'yan Chaina su tafi. Ka ji kamar ka taɓa jin irin wannan taken ko? A ƙidayar 1880 'yan Chaina kusan 105,000 ne kacal cikin mutum miliyan 50, amma a 1882 shugaba Chester Arthur ya sa hannu a dokar da ta hana leburorin Chaina shigowa, da sunansu ɓaro-ɓaro a jikin dokar. Wai ta shekara goma ce, aka yi ta sabuntawa har ta zama ta dindindin, ba a soke ta ba sai 1943. Kuma doka in ta nuna wa jama'a cewa wane ba mutum ba ne, 'yan gari su ke ƙarasa aikin, a 1885 a garin Rock Springs na jihar Wyoming turawa masu haƙar kwal suka far wa 'yan Chaina suka kashe aƙalla 28.

Shiftar Ostareliya, inda aka koyi ɓoye abin

Bari in ɗan fita daga Amurka don a nan ne amsar mai cewa nuna min inda aka rubuta take. Ostareliya ta haɗe ta zama ƙasa ɗaya a 1901, kuma cikin dokokin farko da majalisarta ta yi har da ta taƙaita shigowar baƙi. Abin da suke so kowa ya sani, ƙasar turawa zalla, 'yan majalisar ma sun faɗa da bakinsu. Matsalar ita ce uwar gijiyarsu Birtaniya ba ta son a rubuta launi a takarda, don Indiya na ƙarƙashinta, Japan kuma tana neman ƙawance da ita, bai kamata a ci musu fuska a fili ba. Sakataren mulkin mallaka Joseph Chamberlain ya nuna musu dabarar da turawan Natal a Afirka ta Kudu suka ɓullo da ita a 1897 don tare Indiyawa, wato jarrabawar harshe.

Ga yadda take. Ka sauko daga jirgin ruwa, jami'i ya kalle ka, in bai ga dama da kai ba sai ya ce zauna za a yi maka shifta, kalma 50, cikin kowane harshen Turai da shi ya zaɓa. Shi ya zaɓa fa, ba kai ba. Ka iya Turanci kamar ɗan sarauniya, sai ya karanto maka da Italiyanci. Ka faɗi, a rubuta cewa ka faɗi jarrabawa, ba wanda ya ce maka kai baƙi ne ko ɗan Asiya. Bature kuwa yawanci ko tambayarsa ba a yi. Bayan 1909 ba a sake samun mutum ko ɗaya da ya ci wannan shifta ba.

Abin dariyar ya fito fili a 1934 da suka so hana wani ɗan jarida ɗan Chekoslobakiya, Egon Kisch, shiga saboda ɗan gurguzu ne. Mutumin ya iya harsunan Turai da dama, da suka rasa yadda za su yi sai suka yi masa shifta da Gelik, harshen mutanen tsaunukan Sikotilan, wanda ɗan sandan da ke karantowa ma bai iya shi sosai ba. Babbar kotu ta ce wannan bai shiga cikin abin da doka ke nufi ba. Duk da haka shiftar ta zauna har 1958, manufar gaba ɗaya kuma sai 1973 gwamnatin Gough Whitlam ta binne ta. Shekara saba'in da ɗoriya, kuma in ka karanta dokar 1901 daga farko har ƙarshe ba za ka ga an ce fari ko baƙi ba.

Lissafin 1924

Amurka ta gwada nata salon jarrabawar karatu a 1917, ta kuma shata wani yanki babba na Asiya a taswira ta ce duk wanda ya fito daga nan ba shiga. Amma jarrabawar ba ta tare mutanen da suke son tarewa ba, don a lokacin damuwarsu ta koma kan wasu turawan ne, Italiyawa da Yahudawan Rasha da Folan da Girkawa. E, su ma a wancan zamanin ba a ɗauke su cikakkun farare ba. Akwai masu kiran kansu masana da ke koyar da cewa jinin mutanen arewacin Turai ya fi na kowa, kuma hankali da lalaci da sata duk gadonsu ake yi, ɗaya daga cikinsu Harry Laughlin har kwamitin majalisa ya ɗauke shi ƙwararren mai ba da shawara.

Sai suka koma lissafi. Dokar 1921 ta ce kowace ƙasa za a ba ta kashi 3 cikin ɗari na yawan mutanenta da ke Amurka a ƙidayar 1910. Suka duba suka ga har yanzu Italiyawa na samun gurbi sama da 40,000. A 1924 sai aka rage zuwa kashi 2, sannan aka ce da ƙidayar 1890 za a yi aiki. Me ya sa 1890, alhali ga ƙidayar 1920 sabuwa fil a hannu? Don a 1890 Italiyawa da Yahudawa ba su fara kwararowa ba tukuna. Kamar a zo rabon gado ne a ce da lissafin 'ya'yan da ke gidan kafin a auro amarya za a yi, ba wanda ya ambaci sunan amarya amma kowa ya san ɗakin da aka nufa. Italiya da kafin yaƙin duniya na farko takan tura sama da mutum 200,000 a shekara guda, kasonta ya dawo ƙasa da 4,000.

Daga 1929 aka sauya zuwa wani lissafin na asalin duk al'ummar ƙasar, jimilla kusan 150,000 a shekara. Birtaniya ita kaɗai ta samu sama da 65,000, in ka haɗa da Jamus da Ayilan su uku sun kwashe kusan kashi 70. Ga inda ya shafe mu: da aka zo ƙirga asalin Amurkawa don raba gurabe, dokar ta ce kar a sa jikokin bayi a lissafi. Miliyoyin baƙaƙen da kakanninsu aka kwaso daga Afirka ta Yamma, da an ƙirga su da yankinmu ya samu kaso mai tsoka, sai aka share su kamar ba su. Ƙasashe irin su Habasha da Laberiya aka ba su mafi ƙarancin kaso, mutum 100 a shekara. Japanawa kuma aka tare su da jimla ɗaya ba tare da an kira sunansu ba, aka ce duk wanda doka ba ta yarda ya zama ɗan ƙasa ba to ba zai shigo ba.

Meziko fa? Ba a sa mata kaso ba, ba don ƙauna ba, manyan manoman Kalifoniya da Tekzas ne ke buƙatar masu tsinkar auduga da 'ya'yan itace da araha. Da tattalin arziki ya rushe bayan 1929 aka tisa ƙeyar dubun dubatarsu, ciki har da waɗanda a Amurka aka haife su.

Wannan lissafi ya ci rayuka. A 1939 jirgin ruwan St. Louis ya taso daga Jamus da Yahudawa sama da 900 masu gudun Hitler, Kuba ta ƙi karɓar mafi yawansu, suka zo har suna hango fitilun Miami, aka ce kason Jamus ya cika su bi layi. Jirgin ya koma Turai, kimanin 250 daga cikinsu suka mutu a kisan ƙare dangi.

Shi farin ma wane ne?

Wannan ɓangaren ne ya fi ba ni mamaki. Takao Ozawa ɗan Japan ne da ya shafe sama da shekara 20 a Amurka, ya yi karatu a can, Turanci ake yi a gidansa, ya je kotu ya ce ku dubi fatata ai fara ce. A ƙarshen 1922 Kotun Ƙoli ta ce a'a, fari ba launi ake nufi ba, ana nufin rukunin da masana ke kira Kokeshiyan. Wata uku kacal bayan haka sai ga Bhagat Singh Thind, ɗan Indiya mabiyin addinin Sikh wanda ya yi wa Amurka aikin soja, ya ce madalla, ai masanan naku sun ce mutanen arewacin Indiya Kokeshiyan ne. Kotun nan dai, alƙalin nan dai George Sutherland, ya ce a'a, ba zancen masana ake bi ba, abin da mutumin kan titi ya ɗauka fari shi ne fari. Aka bi wasu Indiyawan da tuni suka samu takardar zama 'yan ƙasa aka ƙwace. Ka ga ma'aunin ba shi da tsayayyen wuri, duk inda za ka tsaya sai a matsar da shi.

Me ya sa suka sauya a 1965

Ba wai dare ɗaya imani ya kama su ba. A 1943 Chaina ƙawarsu ce a yaƙi da Japan, kuma Japan na yi musu gori da dokar 1882, sai suka soke ta suka ba Chaina kaso, mutum 105 a shekara. A 1952 aka cire sharaɗin launi wajen zama ɗan ƙasa amma aka bar lissafin 1924 daram, har ma aka ƙara cewa ƙasar da ke ƙarƙashin mulkin mallaka ba za ta wuce mutum 100 daga kason uwar gijiyarta ba, wanda ya toshe wa baƙaƙen Jamaika da makamantansu hanyar da suke bi ta kason Birtaniya. Shugaba Truman ya ƙi sa hannu, majalisa ta tsallake shi.

Abin da ya karya tsarin haɗuwar abubuwa ne, ga yaƙin cacar baka inda Tarayyar Sobiyet ke nuna wa sababbin ƙasashen Afirka da Asiya yadda Amurka ke wulaƙanta baƙaƙe, ga kuma gwagwarmayar baƙaƙen Amurka su Martin Luther King da ta haifar da dokar 'yancin jama'a ta 1964. Ranar 3 ga Oktoba 1965 shugaba Lyndon Johnson ya sa hannu a sabuwar doka a gindin gunkin 'yanci na New York, aka daina raba kaso bisa asali, aka sa wa ƙasashen Turai da Asiya da Afirka iyaka ɗaya ta mutum 20,000 kowacce. Duk Bahaushe ko Bayerabe ko Ibo da ke zaune a Houston ko Bronx yau da takardarsa, ya sani ko bai sani ba, yana cin albarkacin waɗancan baƙaƙen da aka saka wa karnuka a Alabama.

Amma ko a nan an so a yi wayo. Wani ɗan majalisa daga Ohayo, Michael Feighan, ya dage a fifita masu 'yan uwa a Amurka a kan masu sana'a, tunanin shi ne tunda yawancin 'yan ƙasa turawa ne to turawa za su yi ta jawowa. Johnson da kansa ya ce dokar ba wani juyin juya hali ba ce. Lissafin ya ƙi, Turai ta farfaɗo mutanenta sun daina son tafiya, sai ɗalibi ɗaya daga Indiya ko Filifin ko Najeriya ya samu zama, ya jawo mata, ya jawo iyaye, ya jawo ƙanne.

To na yanzu fa, wariya ce ko tsaro?

A Janairun 2017 Trump ya hana 'yan ƙasashe bakwai shiga, Iran, Iraƙi, Libiya, Somaliya, Sudan, Siriya da Yaman. A ƙarshen Janairun 2020 aka sa Najeriya a jerin waɗanda ba za a ba bizar zama ta dindindin ba, Biden ya soke a ranarsa ta farko a 2021, a Yunin 2025 kuma Trump ya dawo da sabon jeri na ƙasashe 12 har da Chadi da Sudan.

Masu kare matakin suna da hujja kuma bai kamata a yi kamar ba su da ita ba. Sun ce a 2020 Najeriya an sa ta ne don rashin ingancin bayanan fasfo da rashin musayar bayanan 'yan ta'adda, wasu ƙasashen kuma don mutanensu na wuce wa'adin biza su ƙi dawowa, kuma in don Musulunci ne ina Saudiyya ina Indunusiya ina Masar a jerin? Mu ma mun san akwai masu zuwa taron mako ɗaya su ɓace. Kotun Ƙoli a 2018 da rinjayen alƙali 5 a kan 4 ta ba gwamnati gaskiya, ta ce rubutun umarnin bai ambaci addini ba, kuma dokar 1952 ta ba shugaba ikon dakatar da duk rukunin baƙin da ya ga suna da illa.

Masu suka kuma suka ce to ai shiftar Ostareliya ma ba ta ambaci launi ba. Trump ɗin nan a Disambar 2015 ya fito fili ya nemi a rufe wa Musulmi ƙofa gaba ɗaya, a Janairun 2018 aka ruwaito ya zagi Haiti da ƙasashen Afirka yana tambayar me ya sa ba a kawo 'yan Norwe. Sannan a 2025, bayan ya dakatar da shirin karɓar 'yan gudun hijira, sai ga jirgi ya sauke turawan Afirka ta Kudu 59 a watan Mayu a matsayin 'yan gudun hijira, ɗan Sudan da yaƙi ya kora kuwa ƙofa a rufe.

Ni dai a ganina ba daidai ba ne a ce yau da 1924 duk ɗaya, a wancan lokacin ko kai wane ne ba ka da hanya, yau kuwa likitocinmu da injiniyoyinmu na can birjik. Amma tushen tunanin bai mutu ba, wato a yi maka hukunci da inda aka haife ka kafin a dubi kai wane ne. Kuma tarihin nan ya nuna rashin ganin kalmar launi a takarda ba ya wanke doka, sai an duba wa ta tare, wa ta bari, me masu rubuta ta suka faɗa da bakinsu.

Yadda abin ke sauka a kan talaka

Har zuwa 2025 dai, mafi yawan waɗanda ake hana wa biza ba ma jerin Trump ne ke kayar da su ba, wani sashe ne na dokar 1952 mai lamba 214(b), wanda ya ce duk mai neman bizar ziyara ko karatu a ɗauka zama ya zo yi har sai ya gamsar da jami'i cewa zai koma. Shi ya sa intabiyun minti biyu ke ƙarewa da takardar ƙi, kuɗin biza kuma ba a mayarwa. A rubuce sharaɗin kan kowa yake, amma Bajamushe ko Bafaranshe mai zuwa yawon kwana 90 ba ya ma buƙatar biza balle ya tsaya gaban jami'in. A Yulin 2025 kuma aka mayar da yawancin bizar ziyara ta 'yan Najeriya ta wata uku shiga ɗaya, Amurka ta ce ramuwa ce daidai da yadda ake yi wa nata.

Cacar biza da aka ƙirƙiro a dokar 1990, mai gurbi har 55,000 a shekara, an cire Najeriya tun zagayen 2015 saboda 'yan ƙasar da suka samu zama ta wasu hanyoyin sun haura 50,000 cikin shekara biyar. Kuma inda aka haife ka ake dubawa, don haka duk ejan da ya karɓi kuɗin haifaffen Kano ya ce zai cike masa ita kai tsaye, a bincike shi da kyau. Ɗan Maraɗi ya ci gaba da cikewa a shekarun da ɗan baffansa na Jibiya ba shi da dama, harshe ɗaya, kaka ɗaya, kasuwa ɗaya suke ci.

Chadi kuwa nata ya fi ban haushi. An sa ta a jerin Satumbar 2017 alhali sojojinta na cikin waɗanda suka fi kowa fafatawa da Boko Haram, daga baya rahotanni suka nuna cikin dalilan har da cewa takardar buga fasfo ce ta ƙare musu ba su iya aika samfurin da Amurka ta nema a kan lokaci ba. Aka cire ta a Afrilun 2018, aka sake mayar da ita a Yunin 2025, wannan karon shugaba Mahamat Deby ya ce shi ma ya dakatar da ba Amurkawa biza.